Yadda Za A Karanta Littattafan Edward Barbier Kan Tattalin Arzikin Karkara Da Muhalli

Ɗalibin da ke nazarin tattalin arzikin noma, ko ma'aikacin da aka ɗora wa rubuta rahoto a kan wani dam ko aikin noman rani, da wuya ya daɗe yana bincike bai ci karo da sunan Edward Barbier ba. Masanin tattalin arziki ne ɗan Amurka, farfesa a Jami'ar Jihar Kolorado, wanda kafin nan ya koyar a Jami'ar Wayomin da kuma Jami'ar York ta Ingila, ya kuma yi aiki a cibiyar nazarin muhalli da ci gaba ta Landan da ake kira IIED. Sama da shekara 30 ke nan yana bibiyar tambaya guda, wato me ya sa ƙasa da ruwa da daji, waɗanda su ne jarin talakan karkara, ba sa shiga lissafin gwamnati sai bayan sun lalace. Littattafansa suna da yawa, wasu kuma cike suke da lissafi, don haka wanda ya ɗauko mafi kauri daga cikinsu ya fara daga shafin farko yakan ajiye shi tun bai kai ga naman maganar ba. Akwai tsarin karatu da ya fi wannan sauƙi, kuma mu masu jin Hausa muna da wata sa'a da sauran masu karatu ba su da ita, domin ɗaya daga cikin ayyukan da suka fito da sunan wannan masani a fadamar Haɗeja aka yi shi.

Kafin a buɗe littafi

A fara da zaɓen wuri guda da aka sani da ƙafa, ko fadama ce, ko kurmi, ko burtali, ko tafkin bayan gari. A samu littafin rubutu a jera duk abin da mutane ke samu daga wannan wuri a tsawon shekara, daga damina zuwa kaka zuwa rani zuwa bazara: shinkafa, kifi, itacen girki, ciyawar dabbobi, kaba da goruba, ganyen magani, ƙasar gini, ruwan da ke cika rijiyoyi. A gefen kowane abu a rubuta waɗanda ke cin moriyarsa, sannan a nuna ko ana kai shi kasuwa ko a gida yake ƙarewa. Wannan jeri shi ne ma'aunin da za a riƙa gwada kowane babi da shi. Duk lokacin da marubucin ya kawo wata ƙa'ida, sai mai karatu ya koma ga jerinsa ya tambayi kansa wane layi ƙa'idar ta taɓa. Ina ganin wanda bai yi wannan ba zai iya haddace kalmomin fannin tsaf, amma idan aka kai shi bakin fadama aka ce ya faɗi abin da za a rasa in ruwa ya daina zuwa, sai ya tsaya a kan shinkafa kaɗai.

A fara da Haɗeja

Kogin Haɗeja da na Jama'are suna haɗuwa a wani shimfiɗaɗɗen fili tsakanin Haɗeja da Nguru da Gashuwa, inda ruwan damina ke malala ya rufe ƙasa na wasu watanni kafin ya janye, ragowar kuma ta bi Komadugu Yobe, ta ratsa iyakar Nijeriya da Nijar ta wajen Diffa, ta nufi Tafkin Chadi. Wannan ambaliya ta shekara-shekara ita ce rayuwar yankin. Da ita ake noman shinkafa, a bayanta ake shuka a danshin da ta bari, a cikinta kifi ke hayayyafa, kuma ita ke tara makiyaya da rani lokacin da ciyawa ta ƙare a tudu. A shekarar 1974 aka kammala dam ɗin Tiga domin shayar da aikin noman rani na Kogin Kano, wato filayen Kadawa da Kura da Bunkure, a 1992 kuma aka kammala na Challawa, sannan aka daɗe ana maganar gina na Kafin Zaki a kan Kogin Jama'are. Duk ruwan da aka tsare a sama ragi ne daga ambaliyar da ke isa ƙasa.

A farkon shekarun 1990 Barbier, tare da William Adams da Kevin Kimmage, suka yi lissafin da masu tsara dam ɗin ba su yi ba. Sun ƙiyasta ribar da ake samu daga abubuwa uku kacal a fadamar, wato noma da kamun kifi da itacen girki, suka kwatanta ta da ribar aikin noman rani na Kogin Kano. Da aka auna da faɗin fili, fadamar ce a gaba, ko da yake tazarar ba ta yi yawa ba. Da aka auna da yawan ruwan da kowane ɓangare ke sha kuwa, sai ya zama abin da ruwa ke haifarwa a fadama ya ninka na aikin noman ranin sau ɗaruruwa. A 1998 Barbier da wani masanin ruwa, Julian Thompson, suka faɗaɗa aikin, suka gwada abin da zai faru a yanayi daban-daban na gina dam da faɗaɗa noman rani, suka gano cewa ƙarin amfanin da za a samu a sama ba zai maye fiye da kashi 17 cikin 100 na asarar da za a yi a ƙasa ba, kuma sakin ruwa daga dam a kan kari, yadda zai kwaikwayi ambaliyar damina, zai rage asarar.

Ga yadda ya kamata a karanta waɗannan rubuce-rubuce. Da farko a lura da abin da aka zaɓa a matsayin ma'auni. A yankin da fili ke da yawa ruwa kuma ya yi ƙaranci, auna riba da hekta yana ɓoye gaskiya, domin abin da ake rabawa tsakanin mutanen sama da na ƙasa ruwa ne. Wannan sauyin ma'auni shi ne darasin da ya fi kowane girma a aikin, kuma ana iya ɗaukarsa a kai kowane kogi. Na biyu, a nemo abin da marubutan suka faɗa da bakinsu cewa ba su saka a lissafi ba. Kiwo bai shiga ba, ruwan da ke tsuma ƙasa ya cika rijiyoyi bai shiga ba, tsuntsayen da ke zuwa daga Turai su yi hunturu a wurare irin su Dagona ba su shiga ba. Ma'ana, adadin da suka fitar shi ne mafi ƙarancin darajar fadamar. Na uku, a bi sawun yadda aka cike giɓin daga baya, domin a shekarar 2000 Gayatri Acharya da Barbier sun koma kan ruwan ƙarƙashin ƙasa, suka nuna yadda saukar ruwan rijiya ke ƙara wa manomin alkama da na kayan lambu kuɗin janyo ruwa da inji, ta haka suka sanya wa aikin da ambaliya ke yi a ɓoye daraja ta hanyar amfanin gonar da ya dogara da shi.

Akwai abin da mazauna yankin za su ƙara wa mai karatu wanda lissafin farko bai kama ba. Sakin ruwa daga dam duk shekara, ba rani ba damina, ya taimaka wa ciyawar kacala ta mamaye hanyoyin ruwa, ta toshe wasu, ta karkatar da ruwa zuwa inda ba a bukatarsa, ta kuma zama maɓoyar tsuntsayen jan baki masu cinye hatsi. Wannan yana koya cewa lokacin zuwan ruwa yana da daraja kamar yawansa, kuma yana da kyau a rubuta shi a gefen shafi tun yanzu, domin za a sake bukatarsa a littattafan gaba.

Kayan aiki

Mataki na gaba shi ne ɗan littafin jagora da Barbier ya rubuta tare da Mike Acreman da Duncan Knowler a 1997, mai suna *Economic Valuation of Wetlands*, wanda ofishin yarjejeniyar Ramsar ta kare dausayi ya buga. An rubuta shi ne domin masu tsara manufofi, don haka harshensa mai sauƙi ne, ana samunsa kyauta a intanet, kuma akwai shi da Faransanci ga waɗanda suka yi karatu a Nijar ko Kamaru ko Chadi. A cikinsa ne aka rarraba darajar wuri gida-gida: amfanin da ake ɗiba kai tsaye kamar kifi da itace, amfanin da ke zuwa a kaikaice kamar rage ƙarfin ambaliya da cika rijiyoyi, darajar ajiye wuri saboda bukatar da ka iya tasowa gaba, da darajar da mutane ke ba wa abu don kawai yana nan ko don 'ya'ya da jikoki su gada. A ɗauko jerin nan da aka rubuta tun farko a sanya kowane layi a gidansa. Galibi za a tarar gida na biyu ya fi kowane zama fanko, kuma nan ne aikin bincike yake.

Akwai dabara guda da ya zama dole a tsaya a fahimce ta sosai kafin a wuce, wato yadda masana ke rage darajar amfanin da zai zo nan gaba idan za su kwatanta shi da na yau. Dalilinsu shi ne kuɗin da ke hannu yau ana iya juya shi, don haka ya fi irinsa da za a karɓa bayan shekaru. Sai dai adadin da aka zaɓa a yi ragin da shi yana iya juya hukunci gaba ɗaya. A gwada da na'urar lissafi: Naira 100,000 da za a samu bayan shekara 30, idan aka yi ragi da kashi 10 cikin 100 a kowace shekara, darajarta a yau ba ta kai Naira 6,000 ba, amma idan da kashi 3 aka yi, ta haura Naira 41,000. Dam yana ba da amfaninsa da wuri, fadama da daji kuwa a hankali suke bayarwa har tsawon zamani, saboda haka ragi mai yawa kullum yana fifita mai gaggawa. Duk rahoton da aka karanta daga yanzu, a nemo wannan adadi kafin a kalli sakamako, a kuma duba ko marubucin ya gwada da adadi fiye da ɗaya.

Manyan littattafan

Yanzu an shirya shiga littattafan kansu. Na farko shi ne *Blueprint for a Green Economy* na 1989, wanda David Pearce da Anil Markandya da Barbier suka rubuta, asalinsa kuma rahoto ne ga ma'aikatar muhalli ta Birtaniya. Gajere ne, misalansa na Turai ne, kuma wasu alƙalumansa sun tsufa, amma a nan aka shimfiɗa tunanin da sauran littattafan suka ginu a kai: muhalli jari ne, kuma ƙasar da ke sare dajinta tana rubuta kuɗin katakon a matsayin riba tana yin abin da ɗan kasuwar da ke cin uwar kuɗi yake yi. Kwana biyu ko uku sun isa a gama da shi.

Wanda ya fi cancantar a zauna a kansa shi ne *Natural Resources and Economic Development*, da Jami'ar Kambirij ta buga a 2005 aka kuma sabunta shi a 2019, domin shi ne ya fi kusa da manufofin karkara. Barbier ya nuna rabuwa iri biyu, ɗaya a cikin ɗaya. Ƙasashe matalauta da yawa sun dogara ne da fitar da ɗanyen kaya, ko man fetur ko ma'adinai ko amfanin gona, a cikin waɗannan ƙasashen kuma talakawan karkara sun taru ne a ƙasa mai rauni, wato busasshiya ko mai gangara ko wadda ke nesa da kasuwa. Ribar da ake samu daga buɗe sababbin filaye da haƙo arzikin ƙasa ba ta komawa cikin ilimi da masana'antu da gyaran ƙasar noma, don haka idan fili ya gaji sai a matsa gaba a sare wani, talaka kuma yana nan inda yake. Wanda ya san yadda gonaki suka cinye burtali da makiyaya a cikin shekarun nan ba ya bukatar a yi masa dogon bayani.

Littafin yana da lissafi mai nauyi, kuma ga yadda za a bi da shi. A kowane babi a karanta gabatarwa da kammalawa tukuna, sannan a dubi jadawalai a ga inda ƙasashen Afirka ta Yamma suka faɗo, sannan a koma tsakiya. Idan aka iso ga jerin alamomin lissafi, a nemi jimlolin da ke gabansu inda aka faɗi abin da aka ɗauka a matsayin gaskiya kafin a fara, misali cewa fili a buɗe yake ga duk mai so, ko cewa manomi na iya sayar da amfaninsa a farashin kasuwa. A auna waɗannan zato da wurin da aka zaɓa. A inda gado da aro da jingina da ikon mai unguwa da dagaci ke tafiyar da fili, kuma dokar mallakar ƙasa ta Nijeriya ta 1978 ta ɗora amanar filaye a hannun gwamna, zaton cewa fili na kowa ne yana bukatar gyara. Wanda zai yi digiri na biyu ko na uku a fannin dole ya dawo ya bi lissafin layi-layi, amma ma'aikacin tsare-tsare zai iya ɗaukar hujjar ba tare da shi ba.

*Scarcity and Frontiers* na 2011 tarihi ne mai tsawo, daga farkon noma zuwa zamaninmu, na yadda al'ummomi ke guje wa ƙarancin albarkatu ta hanyar nemo sabon fili ko sabuwar ma'adina. A karanta shi a hankali a lokacin hutu, a fi mai da hankali ga babobin zamanin mulkin mallaka da bayansa. *Capitalizing on Nature*, shi ma na 2011, ya koma kan dabarun ƙiyasi, kuma babban misalinsa daga Tailan yake, inda ake sare dazukan da ke tsirowa a ruwan gishiri na bakin teku domin a haƙa tafkunan kiwon jatan lande. Mai tafki yana samun riba na 'yan shekaru kafin tafkin ya lalace a bar shi, ƙauyen masunta kuma ya rasa wurin hayayyafar kifi da katangar da ke kare shi daga guguwar teku. A karanta wannan misali kafaɗa da kafaɗa da na Haɗeja, za a ga ƙashin bayansu ɗaya ne: wanda ke cin riba daban, wanda ke ɗaukar asara daban, kuma na biyun ba ya wurin da ake yanke shawara. Littafinsa na 2010 kan farfaɗo da tattalin arzikin duniya bayan rikicin kuɗi na 2008 ana iya jinkirta shi, domin ya fi shafar manyan ƙasashe masu masana'antu.

A rufe da *The Water Paradox* na 2019, wanda Jami'ar Yale ta buga, kuma babu lissafi mai wahala a cikinsa. Hujjarsa ita ce duniya na ɗaukar ruwa kamar ba ya ƙarewa, gwamnatoci na amsa kowane ƙaranci da sabon dam ko sabon bututu, manyan masu shan ruwa kuma, musamman noman ban ruwa wanda ke ɗaukar kusan kashi 70 cikin 100 na ruwan da ake ɗiba a duniya, ba sa biyan abin da ya kai darajarsa. A nan ne nake so mai karatu ya yi taka-tsantsan ta fuska biyu. Maganar sanya wa ruwa farashi tana da nauyi a kunnen wanda ya taso da hadisin da ke cewa mutane sun yi tarayya a abubuwa uku, ruwa da ciyawa da wuta, kuma wannan nauyi gaskiya ne da bai kamata a share shi ba. Amma kuma a tuna cewa talakan birni da ke sayen jarka a hannun 'yan garuwa ya riga ya daɗe yana biyan ruwa da tsada fiye da mai famfo a gida, kuma masuncin Nguru yana biyan ruwan da aka tsare a sama da kifin da bai kama ba. Tambayar da za a riƙe yayin karanta littafin ita ce wa ke biya a yanzu, wa kuma zai biya idan aka bi shawarar marubucin, tare da neman wuraren da ya yi maganar kare marasa ƙarfi a duba ko kariyar za ta yi aiki a inda hukumar ruwa ba ta da ƙarfi.

Kurakuran da ake yawan yi

Mafi yawa shi ne ɗauko adadi daga wani bincike a manna shi a wani wuri. Alƙaluman Haɗeja an gina su ne a kan farashin ƙarshen shekarun 1980, da darajar Naira ta lokacin, da irin amfanin gonar da ake nomawa a Kadawa a lokacin, kuma duk waɗannan sun sauya. Abin da ake ɗauka daga binciken shi ne hanyarsa, sannan a sake tattara farashi da yawan amfanin gona na yau. Kuskure na biyu shi ne a ɗauka cewa ƙiyasta darajar fadama da kuɗi yana nufin an sa ta a kasuwa, alhali manufar ita ce kada a rubuta mata sifiri a takardar da za a kai gaban gwamna. Na uku ya fi ɓoyuwa. Jimillar riba da asara ba ta faɗin ko su wane ne suka yi asarar, kuma Naira dubu a hannun matar da ke saƙa tabarmar kaba ba daidai take da Naira dubu a hannun ɗan kwangila ba. Makiyaya da mata da masunta su ne aka fi mantawa, domin abin da suke samu ba ya bi ta ma'aunin da hukuma ke ƙirgawa.

Bayan an gama karatun, a gwada kai da rubuta shafi biyu a kan wurin da aka zaɓa tun farko, kamar za a miƙa wa shugaban ƙaramar hukuma. A faɗi aikin da ake shirin yi ko wanda aka riga aka yi, a faɗi abin da ya fi ƙaranci a wurin, ko ruwa ko fili ko ciyawa, a auna riba da shi, a jera abin da aka iya ƙiyastawa da abin da aka kasa, a nuna sakamakon da ragi mai yawa da kuma maras yawa, a ambaci rukunin mutanen da za su samu da waɗanda za su rasa. Kafin a miƙa takardar, a kai ta wurin sarkin ruwa da sarkin noma da ardo na yankin a karanta musu da Hausa, a ƙara duk abin da suka ce an tsallake a cikin jerin.